Ba ka da Mac, ba ka da iPhone: da me za ka gwada shafinka a Safari?

Wata ranar Asabar bayan sallar isha'i, wata Hajiya mai sayar da atamfa da leshi wadda na gina wa shafin intanet ta turo mini hoton allon wayarta ta WhatsApp. Fari fat, babu ko ɗigo. A ƙarƙashinsa ta rubuta: "Malam, wannan ne shagon da na biya kuɗi?" Na buɗe shafin a kwamfutata, yana aiki lafiya lau. Na gwada Chrome, na gwada Firefox, na gwada Edge, na ɗauko Tecno ɗina, ko'ina kaya na fitowa da farashinsu. Na ce, "Hajiya, ko dai data ce ta ƙare?" Ta ce yanzu ta gama kallon bidiyo a wayar.

iPhone 7 ce a hannunta. Sai da na kwana biyu kafin na gano bakin zaren. Akwai wani ɗan layin kod da na kwafo daga intanet mai sanya waƙafi a cikin farashi, ya mayar da 25000 ya zama 25,000. Layin yana amfani da wata dabarar binciken rubutu da ake kira lookbehind, wadda Safari, burauzar iPhone da Mac, ba ta fara ganewa ba sai a sigar 16.4, cikin Maris 2023. Ita kuwa iPhone 7 a iOS 15 ta tsaya, ba za ta ƙara gaba ba har abada. Da Safari ta ci karo da layin, ba tsallake shi ta yi ba, fayil ɗin JavaScript ɗin, wato kod ɗin da ke sa shafin aiki, gaba ɗaya ta ƙi karantawa. Layi ɗaya ya rufe shago.

Kafin a shiga kwatanta hanyoyi, a san inda giɓin yake. Burauzoji suna da yawa a suna, amma injinan da ke zana shafi a cikinsu uku ne masu muhimmanci. Blink shi ne na Chrome, kuma shi ne a cikin Opera tun 2013, da Edge tun Janairu 2020, da Brave, da Samsung Internet. Gecko na Firefox ne. WebKit na Safari. Biyun farko za ka same su a Windows, a Linux, a Mac, kyauta. Na ukun ne matsala. Apple ta daina fitar da Safari ta Windows tun 2012, a sigar 5.1.7, ta Linux kuwa ba a taɓa yi ba. Har yau akwai shafukan da ke rarraba waccan tsohuwar 5.1.7, kada ka ɓata datarka, ba ta da wata alaƙa da abin da ke cikin wayoyin mutane yanzu, ga ramukan tsaro da ba wanda ya toshe. Wani abin da ke ba mutane mamaki kuma: a wayoyin iPhone da muke riƙewa a nan, ko Chrome mutum ya buɗe ko Firefox, WebKit ne a ƙasa, domin dokar Apple ke nan. Tarayyar Turai ce ta tilasta mata sassauta wannan a 2024, kuma sassaucin bai shafe mu ba. Saboda haka idan abokin ciniki ya ce maka "ai Chrome nake amfani da shi a iPhone ɗina", ka ɗauka Safari ya ce.

Akwai tarko ɗaya da kusan kowane sabon hannu ke faɗawa. A cikin kayan aikin masu gina shafi na Chrome akwai maɓallin da ke tsuke allo ya koma siffar waya, har ka zaɓi sunan iPhone daga jeri. Wannan faɗin allo kawai yake canzawa, da sunan da burauza ke gabatar da kanta da shi. Injin yana nan Blink. Yana da amfani wajen duba ko hotuna sun hau kan juna a ƙaramin allo, amma wanda ya ce ya gwada Safari da shi bai gwada komai ba.

Hanya mafi araha ta gaske ita ce Playwright, manhajar gwaji da Microsoft ta fitar a 2020. Tana zuwa da injinan nan uku, har da WebKit da aka harhaɗa domin ya yi aiki a Windows da Linux. Idan kana da Node a kwamfutarka, wato manhajar da ke gudanar da JavaScript a wajen burauza, umarni biyu ne: npx playwright install webkit ya sauke injin, sannan npx playwright open -b webkit tare da adireshin shafinka ya buɗe maka taga. Sau ɗaya za ka kashe data wajen saukewa, daga nan ko babu intanet yana aiki a kan shafin da kake ginawa. Masu Linux suna da ƙarin zaɓi, burauzar GNOME Web wadda aka fi sani da Epiphany, ita ma WebKit ne a cikinta. Da waɗannan za ka kama kurakurai da dama na tsarin shafi da na CSS, wato kod ɗin da ke tsara kamannin shafi, kuma Playwright tana da falalar da sauran hanyoyin kyauta ba su da ita: za ka rubuta gwaji sau ɗaya, ka ce a danna nan, a cike fom, a tabbatar kwandon kaya ya nuna jimilla daidai, ta riƙa maimaita shi a injina uku duk lokacin da ka taɓa kod.

Sai dai kama da wane ba ta wane. WebKit ɗin Playwright sabo ne fil, sau da yawa ma yana gaba da Safarin da Apple ta saki. Ma'ana, da na gwada shagon Hajiya da shi a wancan lokacin, lafiya lau zai nuna mini, domin ya san lookbehind. Yana gaya maka yadda shafinka zai kasance a wayar da aka sayo jiya, alhali masu shiga shafinka da yawa na hannu suke riƙe da su. Ana iya sauke tsohuwar sigar Playwright don a sami tsohon inji, amma wahala ce, kuma duk da haka ba iPhone ba ce. Ba shi da sandar adireshi da ke ɓuya tana dawowa idan ana jan shafi, wadda ta sa tsawon 100vh, ma'aunin CSS na cikakken tsawon allo, ke wuce allo a iPhone har maɓallin "Biya" ya nutse ƙasa. Ma'aunin dvh da ke gyara wannan sai a Safari 15.4 ya zo, a 2022. Ba shi da allon rubutu da ke tasowa ya ture rabin shafi. Ba zai nuna maka yadda iPhone ke zuƙo allo da kanta ba idan rubutun cikin akwatin fom bai kai 16px ba. Bidiyo da sauti ma ba da kayan Apple yake kunna su ba, don haka abin da ya kunnu a nan yana iya ƙin kunnuwa a can.

Ga wani abu da ya shafe mu kai tsaye, mu masu rubuta Hausa. Idan salon haruffan da ka zaɓa wa shafinka ba shi da ƙ, ɗ, ɓ da ƴ, burauza ba ta yin ƙorafi, sai ta aro su daga haruffan da ke cikin na'urar. Abin da za ta aro a Windows daban, a Android daban, a iPhone daban. Shi ya sa kake ganin kalmar "ƙasa" da ƙ ɗinta ya fi sauran haruffa kauri ko ya ɗan karkace, kamar haƙorin makka a bakin yaro. WebKit da ke gudana a Windows haruffan Windows yake gani, saboda haka ba zai taɓa nuna maka yadda abin zai fito a iPhone ba. Maganin wannan tun daga tushe shi ne ka zaɓi salo mai ɗauke da haruffanmu, irin Noto Sans ko Andika, amma tabbatarwa sai da ido a kan na'urar kanta. Mai saka Ajami a shafinsa kuwa ya fi kowa buƙatar wannan dubawar.

Hanya ta biyu ita ce haya ta intanet. Kamfanoni irin su Sauce Labs, wanda aka kafa a Amurka a 2008, da BrowserStack da aka kafa a Mumbai ta Indiya a 2011, suna da ɗakuna cike da wayoyi da kwamfutoci na gaske. Kana zaune da Windows ɗinka, ka zaɓi iPhone kaza mai iOS kaza, a haska maka allonta a cikin burauzarka, ka riƙa dannawa da linzami. A nan ne kaɗai za ka gwada iOS 15 yanzu, bayan minti biyu ka koma 17, sannan ka leƙa Safari ta Mac, ba tare da ka mallaki ko ɗaya ba. Suna ba ka kayan leƙa kurakurai, wato da tuni na ga jan saƙon da ya kashe shagon Hajiya cikin minti biyar maimakon kwana biyu. Suna kuma da hanyar haɗa na'urarsu da shafin da ke cikin kwamfutarka wanda ba ka ɗora ba tukuna. BrowserStack Local ke nan a wajen BrowserStack, Sauce Connect a wajen Sauce Labs. A fagen yawan na'urori babu abin da ya kama ƙafar wannan hanya.

Matsalarta biyu, kuma dukansu sun fi ciwo a wajenmu. Ta farko kuɗi: gomman daloli ne duk wata, ko ka yi aiki ko ba ka yi ba, kuma da dala ake biya. Wanda ke karɓar aikin shafi ɗaya ko biyu a wata da naira ya san abin da wannan ke nufi. Suna ba da ɗanɗano kyauta na ɗan lokaci, kuma masu aikin buɗaɗɗen kod na iya neman a yafe musu, amma ɗanɗano ba ya zama abinci. Ta biyu netwok. Abin da kake gani bidiyo ne ake turo maka kai tsaye daga wata nahiya. Ranar da sabis ya yi rauni, ka danna maɓalli, ka jira, hoton ya dusashe, ka rasa gane shafinka ne ke da nauyi ko layinka ne. Duk abin da ya shafi santsin jan shafi, ko motsin hotuna, ko yadda yatsa ke ji, ba za ka iya yanke masa hukunci ta wannan hanya ba. Sannan wayar tasu tana kan intanet mai ƙarfin gaske, ba ta san wahalar mai buɗe shafinka a ƙauye da sanda biyu na sabis ba. Ni a ganina wannan hanya ta kamfani ce, ko ta aikin da mai shi ya yarda a saka kuɗin gwaji a cikin ciniki. Idan haka ne, ka yi rajistar wata ɗaya dab da miƙa aiki, ka gama, ka soke.

Hanya ta uku ita ce wadda na fi jinkiri kafin na yarda da ita, kuma ita ce ta fi yi mini amfani: ka mallaki tsohuwar iPhone. Da gangan na ce tsohuwa. A iPhone, Safari a ɗaure take da iOS, ba a sabunta ta ita kaɗai kamar yadda Chrome ke sabunta kansa a Android. iPhone 6 ta tsaya a iOS 12, 6s da 7 a iOS 15, 8 da X a iOS 16. Duk wanda ya ratsa Farm Centre a Kano ya ga irin wayoyin da ke canza hannu ya san waɗannan ba su mutu ba. Idan shafinka ya yi aiki a tsohuwar, da wuya ya ƙi a sabuwa. Akasin haka kuwa ba tabbas. Ba ka buƙatar mai kyan jiki. Mai tsagaggen gilashi, mai batirin da ba ya riƙe caji, wadda ba ta ɗaukar layi, duk za su yi, muddin Wi-Fi na aiki kuma allon na jin taɓi. Abu ɗaya za ka tsaya a kai kafin ka miƙa kuɗi: a tabbatar ba a kulle take da iCloud ɗin wani ba, in ba haka ba ka sayi madubi.

Yadda nake yi: na kunna hotspot, na haɗa kwamfuta da wayar a kai, na sa sabar gwaji ta saurari sauran na'urori ba kwamfutar kaɗai ba (a Vite, ɗaya daga manhajojin da ke tayar da irin wannan saba, ƙara --host ne kawai), sai na rubuta adireshin IP na kwamfutar a Safari. Wani lokaci katangar tsaron Windows takan tare, sai ka ba ta izini. Amma ka lura, kyamara, da gano wurin da mutum yake, da service worker (kod ɗin da ke barin shafi ya yi aiki ko babu intanet) ba sa aiki sai a kan HTTPS, wato adireshi mai tsaro, kuma rangwamen da ake yi wa localhost, wato buɗe shafin a kan kwamfutar kanta, bai haɗa da adireshin IP ba. A nan ngrok ko Cloudflare Tunnel ke shigowa, su ba ka adireshi na wucin gadi mai HTTPS da ke zarcewa zuwa kwamfutarka.

Raunin wannan hanya shi ne ganin abin da ke faruwa a ciki. Apple ta tsara cewa idan kana son leƙa kurakuran Safari ta waya, ka kunna Web Inspector a saitin wayar, ka jona ta da Mac. Mai Windows ko Linux sai ya zagaya. Akwai ios-webkit-debug-proxy, yana aiki, amma yana da saurin fushi, yau ya haɗu gobe ya ƙi. Abin da ya fi sauƙi shi ne Eruda: layi ɗaya za ka saka a saman shafinka, wani ɗan maɓalli ya bayyana a gefen allo, ka taɓa shi ka ga saƙonnin kuskure a kan wayar kanta. Ka dai tuna ka cire shi kafin ka ɗora shafin. Sannan waya ɗaya siga ɗaya ce. Ba za ka iya mayar da ita baya ba idan ka sabunta, don haka ka kashe sabuntawar kai-tsaye tun ranar farko.

Aron wayar aboki fa? Ana yi, ni ma na yi. Amma kayan aro ba ya rufe katara. Mai waya yana tsaye a kanka, kira na shigowa, ba za ka goge masa ma'ajiyar burauza ba, kuma kuskuren da ke buƙatar gwaji ashirin ba zai ba ka damar uku ba. Ya isa dubawar ƙarshe, bai isa farautar matsala ba.

Sai Mac ita kanta. Wanda ke da halin sayen ko da Mac mini ta hannu ya huta da yawancin wannan dogon bayani. Yana da Safari ta gaske, yana da Web Inspector, kuma Xcode, manhajar Apple ta gina manhajoji, na zuwa da kwaikwayon iPhone wanda, saɓanin na Chrome, WebKit na ainihin sigar iOS ɗin yake gudanarwa, har kana iya sauke wasu tsofaffin sigogi. Xcode dai ƙato ne, gigabait masu yawa, ka nemi inda ake da Wi-Fi na dare. Idan gina shafuka ne abincinka kuma kana da niyyar taɓa manhajojin iPhone nan gaba, nan ne kuɗinka zai fi daɗewa yana aiki. Idan saye ya yi nisa, ana hayar Mac daga nesa a wurare irin MacinCloud da MacStadium. Amazon ma ta fara bayar da Mac a 2020, sai dai mafi ƙarancin haya awa 24 ne, saboda sharaɗin lasisin Apple. Gwajin minti goma zai ci maka kuɗin yini guda. Masu ajiye kod a GitHub kuma suna da GitHub Actions, inda ake samun injinan macOS masu Safari ta gaske, kyauta ga ma'ajiyar da ke buɗe ga kowa. Wannan na gwajin da ke gudana da kansa ne, ba na dubawa da ido ba.

Za a ce maka ka saka macOS a cikin VirtualBox ko VMware, manhajojin da ke kwaikwayon wata kwamfuta a cikin taka, a kan kwamfutarka ta HP. Lasisin Apple bai yarda a gudanar da macOS a kan injin da ba nata ba, wannan ɗaya. Na biyu, ko ka rufe ido ga lasisi, abin yana jan ƙafa, hoto na yankewa, kuma tunda Apple ta koma kan nata guntun sarrafawa tun daga M1 a 2020, ƙofar tana rufewa a hankali. Kwanakin da za ka kashe kana lallashinsa sun fi kuɗin tsagaggiyar iPhone 8 tsada.

Wanda matsalarsa ta juya, wato yana kan Mac ko Linux yana son gwada abin Windows, nasa mai sauƙi ne. Edge tana aiki a dukansu. Idan yana son ganin haruffa da sandunan jan shafi yadda Windows ke zana su, Microsoft na ba da Windows ta gwaji ta kwana 90 da za a saka a VirtualBox, ko UTM da Parallels a Mac. Internet Explorer kuwa an yi mata ritaya ranar 15 ga Yuni, 2022. Sai fa idan wata ma'aikata mai tsohuwar manhaja ce ta ɗauke ka aiki. A nan akwai yanayin IE a cikin Edge ta Windows.

Duk wannan surutu a kan Safari kada ya sa ka manta waɗanda suka fi yawa. Ka buɗe ƙididdigar masu ziyartar shafinka ka duba kafin ka kashe ko kwabo. Idan shafin makarantar Islamiyya ne ko na ƙungiyar manoma, mai yiwuwa ne Tecno, Infinix da itel su mamaye jerin, kuma burauzar da ba ka da ita a kwamfuta ba Safari ba ce, Opera Mini ce. A yanayinta na matsanancin tsimin data, ba wayar ke buɗe shafin ba. Sabar Opera ce ke buɗewa, ta gudanar da ɗan abin da za ta iya na JavaScript, ta matse, ta turo wa wayar sakamako. Salon haruffan da ka zaɓa ba ya zuwa, abubuwa masu motsi da yawa suna tsayawa cak. Ba za ta ma ga shafin da ke cikin kwamfutarka ba sai ta ngrok ko makamancinsa, tunda daga waje ake ɗauko shi. Haka nan mutane da yawa daga Facebook ko Instagram suke danno mahaɗarka, shafin ya buɗe a cikin ƙaramar burauzar manhajar, wadda takan yi nata hali wajen sauke fayil da komawa daga shafin biyan kuɗi. Gwada waɗannan ba ya buƙatar dala ko ɗaya, wayar aljihunka ta isa, kuma Android tana barin ka jona ta da kowace kwamfuta ka leƙa ta chrome://inspect. Idan kuwa shafin na kayan ƙawa ne, ko gidaje, ko tafiyar Umara, masu iPhone ko sun yi kaɗan a lissafi su ne masu sayen da yawa.

Abin da na zauna a kai bayan lamarin Hajiya shi ne haɗa biyu. Playwright tana gudana kullum a kwamfuta, tana kama abin da za ta iya. Duk sabuwar dabarar CSS ko JavaScript da zan yi amfani da ita, sai na duba caniuse.com na ga daga wace sigar Safari ta fara aiki. A aljihun tebur kuma akwai iPhone 7 mai tsagaggen gilashi da na saya a hannun wani mai gyaran waya, kullum a jone da caja domin batirinta ba ya kai rabin awa. Kafin na miƙa kowane aiki sai na bi shi da yatsa a kanta tun daga shafin farko har zuwa biyan kuɗi. Hayar intanet sau biyu na yi ta, duka a ayyukan da masu su suka biya. Hajiya kuwa ta sauya waya tuni, ta koma sabuwa dal, amma 'yar'uwarta da ke riƙe mata shagon ita ta gaji tsohuwar, kuma da ita take duba oda kowace safiya.